SANKARAU: Kiwon Lafiya Lokacin Annoba da Bayanta

Darasinmu na wannan wata a kan sankarau ne, gama hunturu ya shigo, kuma daga yanzu har saukar ruwan sama lokacinsa ne. Ina roƙon malaman da za su karanta darasin nan a gaban jama'a su bi shi a hankali, ko da zai ci zama biyu. Su tabbata kuma mata suna wurin, domin su ne su ke fara ganin ciwo a gida, su ne kuma su ke ƙarasa jinya sa'ad da 'yan gaisuwa suka watse.

Wannan ciwo yana bukatar gaggawa a farkonsa, yana kuma bukatar haƙuri a bayansa. Amma mu mun saba juya al'amarin. Ranar da yaro ya kwanta sai mu ce, “Bari mu ga abin da gobe za ta yi.” Ranar da aka sallamo shi daga asibiti kuwa, kafin ya huta mun miƙa masa fartanya. Da jinkirin nan da gaggawar nan duka suna ɓarna, za mu kuwa duba su ɗaya bayan ɗaya.

ASALIN CIWON

Ƙwaƙwalwar mutum, da lakar da ta bi ta cikin ƙashin bayansa, suna lulluɓe da wani tantani marar kauri, da ruwa garau a ƙarƙashinsa. In ƙwayoyin cuta suka kai wurin nan, sai tantanin ya kumbura, ruwan ya gurɓace ya zama kamar tsarin dawa. Kumburi a hannu yana da wurin da zai bazu, amma ƙoƙon kai ƙashi ne, ba ya buɗewa, saboda haka kumburin yakan danne ƙwaƙwalwa. Abin da ke kawo matsanancin ciwon kai da sanƙarewar wuya ke nan, inda ciwon ya sami sunansa. Ƙwayoyin cuta iri iri suna iya jawo shi, amma wadda ta saba kawo annoba a ƙasarmu likitoci suna ce da ita meningokokus. Wani likita mai suna Anton Weichselbaum ne ya gano ta a ƙasar Ostiriya a 1887.

Mazauninta maƙogwaron ɗan Adam ne da can cikin hancinsa. Ba a rijiya ta ke ba, sauro ma ba ya ɗaukarta. Kamar mutum 1 cikin 10 yana yawo da ita a maƙogwaro yana lafiya lau, bai sani ba, a lokacin annoba kuma masu ɗauke da ita sukan fi haka. Ta wurin tari da atishawa da kusantar numfashi ta ke wucewa daga wannan zuwa wancan, tun ba a wurin kwana ba. Wanda za ta kayar, takan ɗauki kamar kwana 4 kafin ta nuna, wani lokaci kwana 2, wani lokaci har 10. Ku lura da wannan da kyau: yawancin waɗanda suka kamu, daga mai lafiya suka ɗauka. Don haka gudun gidan da ciwo ya shiga ba shi ne tsira ba, neman wanda za a ɗora wa laifi kuma aikin banza ne.

Me ya sa sai da rani? Dubi leɓenka da diddigenka a cikin hunturu, yadda su ke tsagewa. Haka iska mai ƙura ta ke busar da cikin hanci da maƙogwaro, har ƙwayar da ta daɗe a zaune ta sami kafar shiga jini. Ga kuma sanyi ya tara mutane a ɗaki ɗaya, an toshe taga da tsumma, an hura wuta, mura tana zagawa. Annobar takan fara wajen Disamba ko Janairu, ta yi ƙarfi a Maris da Afrilu, da ruwa ya sauka kuma sai ta lafa. Saboda ƙarfinta yakan zo daidai da bazara, mutane sukan ce zafi ne ya ke kawo ta, a waɗansu wurare ma har a kan zargi ɗanyen mangwaro. Mangwaro dai ba shi da laifi, lokacinsu ne ya zo ɗaya. Amma tsofaffin da su ke cewa a fito da yara daga ɗaki mai zafi su sha iska, shawararsu daidai ce.

Ciwon ba baƙo ba ne a wurinmu. An rubuta labarin annobarsa a Nijeriya ta Arewa tun 1905, an kuma yi wata babba a 1949 zuwa 1950. A 1963 wani likitan Faransa, Léon Lapeyssonnie, ya nuna cewa annobar tana bin wani zirin ƙasa ne a kudancin Sahara; a yau a kan lissafta ƙasashe 26 a cikinsa, daga Senegal har Habasha, ƙasar Hausa kuwa tana tsakiya. Mafi muni ita ce ta 1996 zuwa 1997, inda fiye da mutum 250,000 suka kamu a Afirka, kamar 25,000 suka rasu. A Nijeriya kaɗai, a 1996, waɗanda suka kamu sun wuce 100,000, waɗanda suka rasu sun wuce 11,000. A 2015 ta auka wa Nijar, har cikin birnin Yamai, ta kama fiye da 8,000. A ranin 2016 zuwa 2017 ta tashi daga Zamfara ta bazu zuwa Sakkwato da Katsina da waɗansu jihohi, ta kama fiye da 14,000, ta kashe fiye da 1,100.

RANAR FARKO

Ga yadda ciwon ya ke zuwa wa babba ko yaron da ya yi wayo. Zazzaɓi mai zafi farat ɗaya, da ciwon kai irin wanda bai taɓa yi ba, da amai. Ba ya son haske, yakan juya fuska wajen bango. In yana kwance rigingine ka sa hannu ƙarƙashin ƙeyarsa ka ɗaga kansa a hankali domin haɓarsa ta taɓa ƙirji, sai wuyan ya ƙi, ya yi ƙara. Daga nan sai barci mai nauyi wanda ba a iya tashe shi sosai, ko surutai, ko jijjiga. Kada a jira alamun nan su cika duka. Da rani, sa'ad da sauro ya ragu, zazzaɓi mai tsanani da ciwon kai da amai sun isa a tashi.

Jariri kuwa ba zai faɗa maka kansa yana ciwo ba, sau da yawa ma wuyansa ba ya sanƙarewa. Abin da uwa za ta gani shi ne ya ƙi nono, yana wani siririn kuka wanda ba ta saba ji ba, in an ɗauke shi kukan ya ƙaru. Jikinsa ya saki, ko kuwa ya ƙage. Ta shafa maɗigarsa sa'ad da ya yi shiru: in ta kumburo ta yi tauri, wannan babbar alama ce. Akwai kuma waɗansu ɗige-ɗige kamar an tsattsaga jini a ƙarƙashin fata. A baƙar fata suna da wuyar gani, sai a duba tafin hannu, da tafin ƙafa, da cikin fatar ido, da dasashi. In aka danna su da tambulan na gilashi ba su ɓace ba, ƙwayar ta cika jini ke nan, ba sauran jira ko na rabin sa'a.

Lissafin wannan ciwo da sa'o'i a ke yinsa. Mutum yana iya karya kumallo da lafiyarsa, kafin wayewar gari ya cika. In ba a yi magani ba, kusan rabin waɗanda suka kamu sukan mutu. In an yi da wuri, kamar 9 cikin 10 sukan tashi. To, ina sa'o'in nan su ke tafiya? Mun san hanyarsu. A aika yaro kemis ya sayo farasitamol da kafso biyu, zafin jiki ya ɗan sauka, a ce ya ji sauƙi. Da dare ciwo ya komo, a ce shawara ce ko iska, a yi hayaƙi. Da safe a kira wanzami ya yi ƙaho a ƙeya. Maigida kuwa ya tafi cin rani, matar ba ta da ikon fita sai an same shi a waya. Ranar uku a ɗauko marar lafiya ba ya gane kowa, in ya rasu a ƙofar asibiti sai a ce asibiti ba su iya ba. 'Yan'uwa maza, wanda zai yi tafiya da rani ya bar izini a gida tun kafin ya fita, ya bar kuɗin mota a hannun matarsa. Dattawan ekklesiya kuma su san tun yanzu mai babur ko mai motar da za a tasa da tsakar dare. Ban ce a bar addu'a ba. A yi ta a kan hanya.

In jijjiga ta kama shi kafin a isa, a kwantar da shi a gefensa ɗaya, a kawar da abin da zai buge shi. Kada a cusa masa cokali a baki, kada kuma a ɗura masa ruwa ko jiƙo, gama zai shaƙe.

A asibiti mai yiwuwa likita ya ce zai ɗebi ruwan ƙashin baya. A nan iyaye da yawa su ke tsorata, suna cewa allurar nan ce ta ke gurgunta mutum ko ta kashe shi. Ba haka ba ne. A can ƙasa a ke sa ta, inda lakar ta riga ta ƙare, ruwan da a ke ɗiba kuma kaɗan ne, jiki yakan mayar da shi cikin 'yan sa'o'i. Da shi a ke sanin irin ƙwayar, da shi ne kuma hukuma ta ke sanin irin rigakafin da za ta aiko wa garin. Abin da ya sa aka ƙi jininta shi ne, a kan yi ta ga waɗanda aka kawo a makare, in sun mutu sai a tuna da allurar a manta da kwana ukun da aka yi a gida. Maganin kansa allura ce, yawanci wadda a ke kira seftiriyazon, a lokacin annoba a kan yi ta kwana 5, jarirai sabbin haihuwa kuma fiye da haka. Sau da dama, in an sanar da annoba, a kan buɗe wurin jinya a ba da maganin kyauta. Ko marar lafiya ya tashi zaune ya nemi tuwo a rana ta biyu, kada a gudu da shi sai alluran sun cika.

MASU LAFIYA A CIKIN ANNOBA

Babban abin da mai lafiya zai gyara shi ne wurin kwanansa. A buɗe taga, a rage yawan masu kwana a ɗaki guda, in da hali a kwana a tsakar gida cikin gidan sauro. In tilas ne a kwana kusa, a juya, kan wannan wajen ƙafar wancan. Kada a yi girki ko a hura wuta cikin ɗakin kwana, gama hayaƙi yana yi wa maƙogwaro irin ɓarnar da ƙura ta ke yi. Haka ma taba. A sha ruwa da yawa, a rufe hanci da mayafi ko rawani ranar da ƙura ta tashi, mai tari ya rufe bakinsa. Makarantun kwana, da tsangayu, da bariki, da sansanin 'yan gudun hijira, su ne wuraren da ciwon ya fi so. Mu ma muna da namu: manyan tarurrukanmu da rani mu ke yinsu, mu kwantar da mata da yara 60 a aji ɗaya, ƙofa a rufe. A ganina, in annoba tana cikin gunduma, ɗaga taron kwana zuwa wani wata ba rashin bangaskiya ba ne. Sujadar Lahadi kuwa a buɗe dukan tagogi, ko a fita gindin itace.

Sai rigakafi. Ƙwayar nan tana da dangi, an sa musu suna da haruffa. Mai harafin A ita ce ta yi ɓarnar 1996. A Disamba 2010 aka fara wata sabuwar allura dominta, mai suna MenAfriVac, a Burkina Faso da Mali da Nijar, Nijeriya kuma ta fara a 2011. An yi wa fiye da mutum miliyan 300, annobar A kuwa ta ɓace daga ƙasashen nan. Daga 2019 aka sa ta cikin alluran da a ke yi wa jariri a Nijeriya yana wata 9. Amma allurar A ba ta tsare mutum daga C, C kuwa ita ce ta auka wa Nijar a 2015 da Zamfara a 2017. Saboda haka aka yi wata mai haɗe da iri 5, watau A, C, W, X da Y, Nijeriya ce kuma ta fara amfani da ita a duniya, a Maris 2024. Wanda ya ce an riga an yi masa tun tuni, ya sake miƙa hannu in masu allura sun zo. Ya kuma sani sai bayan kamar kwana 10 ta ke fara tsaro.

Na san akwai masu tsoron allura, tsoron kuma yana da tushe. A annobar 1996, kamfanin Pfizer ya yi gwajin wani magani mai suna Trovan a Kano, da yara 200 masu sankarau, 11 daga cikinsu suka rasu. Iyaye suka ce ba a nemi yardarsu yadda ya kamata ba, kamfanin ya musa, aka yi ta shari'a har aka yi sulhu da gwamnatin Kano a 2009. Daidai ne mutum ya tambayi abin da za a sa a jikin ɗansa. Amma wancan gwajin sabon magani ne, wannan kuwa rigakafi ce da aka ga amfaninta a fili, a garuruwan da dā su ke binne yara kowace bazara.

Mai jinya ita ma jiki gare ta. Bayan sa'a 24 da fara allura, marar lafiya ba ya ba kowa ciwon, saboda haka babu dalilin barin mace ɗaya a bakin gado kwana 5 ba barci, 'yan'uwa suna leƙowa ta taga. A yi karɓa-karɓa. Wata ta kawo abinci, wata ta riƙe yaran da aka bari a gida. Mai jinya ta wanke hannu da sabulu, ta ci, ta kwanta in an karɓe ta, in kuwa ta ji zazzaɓi ko ciwon kai ta faɗa nan take, tun da tana asibiti. Wani lokaci likita yakan ba waɗanda suka kwana ɗaki ɗaya da marar lafiya ƙwayar magani ta tsaro. Wannan aikinsa ne, kada kowa ya je ya saya wa kansa.

BAYAN AN SALLAME SHI

Ruwan farko yakan kashe annobar, sai ma'aikatan lafiya su naɗe tantinsu, rediyo ta koma wata magana. Amma ruwan nan shi ne kuma ya ke buɗe aikin gona, a lokacin da rumbu ya yi ƙasa, kuɗin taki kuma ya tafi wajen jinya. A Burkina Faso an bincika gidajen da ciwon ya shiga a annobar 2006 zuwa 2007, aka tarar gida yakan kashe kamar dala 90 a kan marar lafiya ɗaya, watau wajen sulusin abin da mutum guda ya ke samu a shekara a ƙasar a lokacin. Ba mugunta ce ta ke sa uba ya tura ɗansa gona yana layi ba, rashi ne. A nan ne gayya ta ke da amfani. In matasan ekklesiya suka yi wa gidan nan noman fari da maimai, sun sayo wa mai murmurewa hutun wata biyu, wanda ba a sayar da shi a kemis.

Hutun nan kuwa yana bukatarsa ƙwarai. Gajiya da ciwon kai da jiri da mantuwa sukan bi mutum makonni, wani har watanni. Ya yi barci isasshe, ya fara da zagaya tsakar gida, kāna ƙaramin aiki a inuwa, a ƙara masa kaɗan kaɗan. Ranar da ya yi aiki ya kwana da ciwon kai, aikin ya yi yawa ke nan, a rage. Ya ci kaɗan kaɗan sau da yawa: kunun gyaɗa, wake, ƙwai, fura da nono, miyar zogale, kifi ko hanta in an samu. Mai shayarwa ta ci gaba da ba da nono. A ci da shi a ƙwarya ɗaya, gama ba ya ɗauke da kome. In zazzaɓi ya komo, ko amai, ko wata gaɓa ta kumbura, a koma asibiti da takardar sallama a hannu.

Cikin waɗanda suka tashi, kamar 1 cikin 5 ciwon yakan bar masa wani lahani, wanda ya fi yawa kuwa shi ne na kunne. Can cikin kunne akwai wani ɗan ƙashi mai kama da dodon koɗi, a nan ne ji ya ke. Kumburin yakan kai wurin ya lalata shi, wani lokaci ma ramin ya fara toshewa da ƙashi cikin 'yan makonni. Shi ya sa likitoci su ke so a gwada jin kowane mai sankarau kafin a sallame shi, ko cikin mako 4 bayan sallama. In ba a yi maganar ba, ku ku tambaya, ku nemi a tura ku wurin likitan kunne. A gida ma uwa tana iya dubawa: ta tsaya a bayan yaron inda ba ya ganinta, ta kira sunansa a hankali, ta dama sa'an nan ta hagu. Ta lura ko yana kallon baki in ana magana, ko yana juyo da kunne ɗaya, ko maganar da ya fara koya ta tsaya. Yara nawa aka yi wa bulala a kan taurin kai, a gida da makaranta, alhali kuwa kiran ne ba su ji ba? A gaya wa malaminsa, a zaunar da shi a gaba. Wanda jinsa ya ragu, na'urar ji tana taimakonsa. Wanda ya tafi duka, a yi ta yi masa magana fuska da fuska domin kada ya bar wadda ya iya, mutanen gida su koyi maganar hannu tare da shi, a kuma nema masa makarantar kurame, irin ta Tudun Maliki a Kano.

Kada kowa ya ce yaron nan ya tashi daga aiki, sai bara. An haifi Andrew Foster, baƙar fata, a jihar Alabama ta Amurka a 1925. Yana shekara 11 sankarau ya kama shi, ya tashi ba ya ji ko kaɗan. Bai bar karatu ba, har a 1954 ya sami digiri a Gallaudet, babbar makarantar kurame ta ƙasarsu. A 1957 ya zo Gana ya buɗe makarantar kurame, a 1960 ya buɗe wata a Ibadan. Kafin rasuwarsa cikin haɗarin jirgin sama a Ruwanda a 1987, ya kafa makarantu fiye da 30 a ƙasashen Afirka. Malaman kurame da yawa a Nijeriya, in aka bi salsalar iliminsu, wurinsa ta ke komawa.

Akwai waɗansu lahani kuma. Wani yakan tashi da raunin hannu ko ƙafa; wannan yana son gashi da motsa jiki kowace rana yadda ma'aikatan asibiti suka nuna, ba a bar shi a tabarma ba. Wani ido ne, wani farfaɗiya. Farfaɗiya ba a ɗaukarta ta yawu ko taɓawa, tana kuma da magani wanda in ana sha kullum yakan tsai da faɗuwar. Jaririn da kansa ya fara girma fiye da kima bayan ciwon, a kai shi babban asibiti maza. Sai kuma lahanin da ido ba ya gani. Yaro mai sanyin hali ya komo da saurin fushi, ko ya koma fitsarin kwance, ko karatun da dā ya ke yi masa sauƙi ya gagare shi. Magidanci ya riƙa manta lissafin kasuwarsa, kunya ta hana shi faɗa. Ba shagwaɓa ba ce, ba kuma sammu ba. Ƙwaƙwalwa ce ta ji rauni, da yawa kuma sukan sami sauƙi a hankali in ba a tsananta musu ba.

Gidan da aka yi rashi kuwa, a je gaisuwa ba tare da tsoro ba, sai dai a yi zaman makoki a fili ko a rumfa maimakon a cunkushe a ɗaki. Ciwon da ya ɗauke yaro cikin kwana ɗaya yakan bar uwa da tambaya mai cin rai: “Da na kai shi tun da safe fa?” Abin da na faɗa a kan jinkiri domin masu rai na faɗa, kada wani ya ɗauke shi ya je ya soki mai makoki da shi. Akwai waɗanda aka kai da wuri, aka yi musu dukan abin da ya kamata, duk da haka suka tafi. Gaisuwar mako na fari kowa yana yi. Wadda ta fi amfani ita ce ta wata na biyu da na uku, sa'ad da gida ya yi shiru. In makonni suna wucewa mutum ba ya ci, ba ya barci, ya bar wanka da aiki, ko yana cewa gara shi ma ya mutu, kada a bar shi shi kaɗai, a raka shi wurin likita, gama wannan ma ciwo ne mai magani.

Da kaka, in an gama girbi kuɗi ya shigo hannu, lokacin gyaran ɗaki ne. Ɗakin da ba shi da taga a fasa masa biyu, ɗaya tana duban ɗaya domin iska ta ratsa, a sa musu raga. A fito da katin allurar kowane yaro a duba abin da ya rage, har da wanda ya yi ciwon ya tashi, gama irin da ya kama shi bara ba lalle shi ne zai zo bana ba. Wanda aka ce ya komo a sake gwada kunnensa, a kai shi kafin hunturu.